Ma'aunin PUE ba ya ganin sabar da ke barci

Duk sanda kamfanin fasaha ya tashi yabon kansa kan tattalin lantarki, lambar da yake ɗagawa ita ce PUE. Lissafinta ba wuya: a raba duk wutar da cibiyar adana bayanai ta sha da wadda ta isa kwamfutocin kansu. Google na cewa tasa tana wajen 1.1, wato kaɗan ne ke tafiya a sanyaya gini da makamantansu. Madalla. Amma fa lambar nan ba ruwanta da ko kwamfutocin suna tsinana wani abu.

A 2007, injiniyoyin Google, Luiz Barroso da Urs Hölzle, sun nuna cewa sabobinsu, wato kwamfutocin da ke riƙe shafukan intanet, galibi suna aiki ne da kashi 10 zuwa 50 cikin ɗari na ƙarfinsu. Saba ko tana zaune haka kawai, a lokacin takan sha kusan rabin wutar da za ta sha a cikakken aiki. A 2015 kuma Jonathan Koomey da kamfanin Anthesis suka gano kusan kashi 30 na sabobin da suka duba sun yi wata shida ba su yi wa kowa aiki ba. An saye su, ana sanyaya su, kowa kuma na tsoron cire wayarsu don ba a san mai su ba.

Abin haushin shi ne, in ka kashe su, wutar kwamfutoci ta ragu, ta sanyaya ba lallai ta ragu daidai haka ba, sai PUE ta hau. Injiniyan da ya rage wa kamfani kuɗin wuta, a takarda shi ne ya ɓata lamba.