Dariyar Da Ake Yi Wa Mai Kirki

'Yar'uwa, kwanan baya ƙanwata ta nuna mini wani tsohon shirin talabijin na Faransa, mai hoto baƙi da fari. Na yi dariya har da ƙwalla, amma da na kwanta sai abin ya tsaya mini a rai.

Sunan shirin La Caméra invisible, wato kyamarar da ba a gani. An fara shi a 1964, Jacques Rouland da Pierre Bellemare ne suka kawo shi, sun kuwa ɗauko dabarar ne daga Candid Camera na Allen Funt, wanda aka fara a Amurka a 1948. Sai a ɓoye kyamara a shago ko bakin titi, a ɗana wa mai wucewa tarko, a ɗauki yadda zai yi.

Gaskiya ɗaya ce, gwanin shirin, Jacques Legras, ya iya aikinsa. Ga gashin baki, ga shiga ta kamala, ga fuska ba alamar wasa. Zai zo wa mutum da zancen da hankali ba zai ɗauka ba, amma cikin ladabi, har mutumin ya fara zargin kansa. Ba zagi, ba duka, ba tsoratarwa. Nan kam na yaba, domin da yawa cikin masu irin wannan wasa da waya a yau ba su san wannan iyaka ba.

To amma wa ake yi wa dariyar? Mai taurin kai wucewarsa yake yi. Wanda ke faɗawa tarko shi ne mai kunya, wanda ya tsaya ya saurari baƙo, ya ga bai kyautu ya ƙaryata dattijo ba. Ashe kirkinsa muke wa dariya. Ko da an nuna masa kyamara daga baya ya yi murmushi, me zai yi in ba murmushin ba, alhali duk ido na kansa?

Ki ɗauka ke ce a kasuwa, kin ajiye kayan cefanenki don ki taimaki wani, washegari kishiyarki da dangin miji suna kallonki suna shewa. Gobe za ki sake tsayawa?

Ni dai zan ci gaba da kallo, ba zan ɓoye miki ba. Sai dai yanzu idan mutumin ya tsaya zai taimaka, shi nake bi da ido, ba Legras ba.