Wazirin Da Ya Tuhumi Rundunarsa

Wanda ya taso daga Shagari za shi Sakkwato, lalle sai ya ratsa ta Bodinga, ga Sifawa kuma nan kusa. A shekarun da Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya zauna Sifawa, watau daga wajen 1810 zuwa 1815, ƙanensa kuma wazirinsa Malam Abdullahi a Bodinga ya zauna. Cikin wannan zaman ne, a 1813, ya haɗa littafinsa mai suna Tazyinul Waraƙati, wanda muke so mu duba tare da ku, 'yan makaranta. Da Larabci aka rubuta shi. Wani Bature, Mervyn Hiskett, ya juya shi da Turanci, aka buga a Badun a 1963.

Ga yadda littafin yake. Malam Abdullahi ya tattara waɗansu waƙoƙinsa, ya jera su bisa ga lokacin da ya yi su, kafin kowace kuwa sai ya faɗi abin da ya faru har ya sa shi yin ta. Da haka tarin waƙa ya zama labarin rayuwa. Kashin farko na zamanin wa'azi ne, sa'ad da yake bin yayansa gari gari. A nan ne za ku sami labarin Malam Mustafa Gwani, wanda ya zargi Shehu da barin mata suna halartar wa'azi, Shehu ya ce Abdullahi ya ba shi amsa. Ya amsa da waƙa, ya nuna masa barin mata cikin jahilci shi ne ɓarnar da ta fi girma. Kashi na biyu na yaƙi ne, ya fara daga hijirar da aka yi daga Ɗagel zuwa Gudu a 1804.

To, waƙoƙin nasara suna nan, suna da ƙarfi kuwa. Shi ya ja runduna a Tafkin Kwatto cikin watan Yuni na 1804, inda aka kori Sarkin Gobir Yunfa, shi ne kuma ya ci Birnin Kabi a 1805. Amma waƙar nasara ba ta yi wa kowane mai fasaha wuya, kowace fada tana da mai yi mata irinta. Abin da ya ɗaukaka wannan littafi shi ne wuraren da abu ya ɓaci. Bai ɓoye Tsuntsuwa ba, inda aka yi hasarar mutum wajen 2,000, cikinsu har mahaddata Alƙur'ani wajen 200. Da ya zo kan Alwasa, a 1805, bai ɗora laifin kashin da aka sha kan yawan abokan gaba kaɗai ba. A kan hanyar zuwa can rundunar ta wasashe wani gari wanda ba ya gaba da ita, manya suka hana, ba a ji ba. Ga Malam Abdullahi, tun daga nan aka karye, tun ba a ja daga ba.

Abin ya ci gaba da cin ransa har wajen 1807. Ana cikin tafiya yaƙin Alƙalawa, sai ya sulale ya bar rundunar, shi da 'yan mutane kaɗan, ya nufi gabas da niyyar zuwa Makka. Waƙar da ya yi kan wannan tafiya ita ce zuciyar littafin. A ciki yana kukan abokansa na kirki sun ƙare a fagen fama, sun bar shi cikin mutanen da suka mai da jihadi hanyar neman sarauta da tara dukiya da ado. Ku lura, jama'a, mai wannan magana shi ne mutum na biyu a daular, kuma yayansa na da rai sa'ad da ya sa ta cikin littafi. Bai wuce Kano ba. Kanawa suka tsai da shi, ya karantar da su tafsiri, ya rubuta musu Liya'ul Hukkami kan yadda ake riƙon mulki bisa shari'a, sa'an nan ya komo gida.

Waɗanda suka karanta tarihin Turai cikinku sun san Wellington, wanda ya karya Napoleon a Waterloo a 1815. Ɗan sarautar ƙasar Ailan ne, an haife shi a Dublin a 1769, watau kusan sa'an Malam Abdullahi ne, wanda aka haifa wajen 1766. Shi ma daga fagen fama ya shiga mulki, ya zama Firayim Ministan Ingila daga 1828 zuwa 1830. Wani abin mamaki, a wannan shekara ta 1813 shi ma ya rubuta wa hukumarsa takarda mai zafi, bayan sojansa sun ci yaƙin Vitoria a ƙasar Sifen sun bar bin abokan gaba sun auka wa ganima. Sai dai shi ƙananan soja ya zaga, ya ce daga cikin ashararun gari aka ɗebo su. Malam Abdullahi kuwa sama ya duba, ga masu neman muƙami. Zagin na ƙasa da kai ba ya bukatar ƙarfin zuciya, don haka muke ganin takardar Bodinga ta fi waccan nauyi.

Duk da haka littafin yana da nasa aibi. Na farko, Larabcinsa na da tsauri. Malam gwanin lugga ne, ya sha waƙoƙin Larabawan da, har yakan buɗe waƙa yadda suke buɗewa, ya kawo kalmomin da sai an tona ƙamus. Wani lokaci mai karatu zai ji kamar a hamadar Larabawa ake yaƙin, alhali kuwa tsakanin Gwandu da Gobir ake. Ban da wannan, wanda yake son sanin yadda aka shirya daga, da yadda labarin ya bi daki daki, da wasiƙun da aka yi musaya da Shehun Barno Alkanemi, gara ya nemi Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello, wanda aka gama a 1812. Bello marubucin tarihi ne, baffansa kuwa abin da ya taɓa zuciyarsa yake bi.

Aibin da ya fi damunmu shi ne wannan. Malam ya yi ƙara, amma bai ambaci waɗanda yake ƙara ba. Su wane ne masu neman sarautar? Me aka yi musu? Shi kansa da Shehu ya danƙa masa riƙon ƙasashen yamma a 1812, ya ba Bello na gabas, ƙaƙa ya yi da irin waɗannan mutane da suka zama hakimansa? Littafin ya yi shiru. Mai yiwuwa ne gudun fitina ya hana shi, gama mutanen na nan da rai, da dawakinsu. Amma mai karatu yana barin littafin ya san zafin zuciyar waziri sarai, aikin wazirci kuwa kaɗan ya gani.

Har wa yau ku tuna an rufe littafin tun jarrabawa mafi girma ba ta zo masa ba. Da Shehu ya rasu a 1817, aka yi wa Bello mubaya'a. An ce da Malam Abdullahi ya iso Sakkwato sai ya tarar da ƙofar gari a rufe, ya juya. Suka yi 'yan shekaru ba su ga maciji, sai da tawayen Kalambaina ya matsa masa, Bello ya kawo masa gudummawa aka ci garin. Masu ba da labari sun ce da suka gamu Bello ya yi haramar sauka daga kan doki don ya gai da baffansa, Malam Abdullahi ya hana shi, ya gaishe shi da Sarkin Musulmi. A Gwandu ya ƙare kwanakinsa yana karantarwa yana rubutu, ya rasu wajen 1829, Allah ya jiƙansa. Labarin waɗannan shekaru duka ba ya cikin Tazyinul Waraƙati, sai ku neme shi a littattafan tarihin Sakkwato da Gwandu, ku riƙa gwada shi da waƙar tafiya Kano.