Rushewar Lokaci a Cikin Littafin "Ganɗoki"

Cikin littattafan da gasar Hukumar Fassara ta Zariya ta haifar a 1933, babu wanda manazarta suka fi ɗora wa laifin rashin tsari kamar Ganɗoki na Malam Bello Kagara, wanda aka buga a 1934. Ƙarar da ake kaiwa ita ce wai littafin biyu ne aka ɗinke wuri guda: rabin farko tarihi, rabi na biyu tatsuniya. Ni ban yarda wannan laifi ne ba, kuma nufina a wannan ɗan sharhi shi ne in nuna dalili.

Mai karatu zai lura cewa rabin farko yana tafiya ne bisa ƙasar da muka sani. Ga Kwantagora, ga Bida, ga Sarkin Sudan Ibrahim Nagwamatse wanda Turawa suka ci garinsa a 1901. Mu mutanen ƙasar Maska ba baƙin wannan labari ba ne, domin a Kaya, nan kusa da mu, aka kama Sarkin Sudan a 1902. Kowane gari yana da suna, kowane yaƙi yana da rana. Daga nan tauraron ya bi hijirar Sarkin Musulmi Attahiru zuwa gabas, har Burmi, inda aka yi karon ƙarshe a 1903.

To, bayan Burmi ne komai ya warware. Ganɗoki da ɗansa Garba Gagare suka fita daga taswira suka faɗa duniyar aljannu. Nisan da ayari zai yi watanni yana ci, sai a shafe shi kamar ƙiftawar ido. Mutum guda ya tarwatsa runduna. Ba a ƙirga shekaru, takobi ba ya dakushewa, tsufa ba ya kama jarumi. Abin tambaya shi ne, don me marubucin da ya nuna ya san tarihi sarai zai saki linzami daidai wannan wuri, ba gaba ba, ba baya ba?

A ganina amsar ita ce, a Burmi lokacin Ganɗoki ya ƙare. Duniyar da ta san darajar doki da mashi da kirari ta mutu ran nan, bindiga mai ruwa ta kashe ta. Jarumin da ya tsira ba shi da sauran filin da zai yi jarunta a cikin tarihi. Saboda haka dole marubuci ya fasa masa bangon duniya, ya kai shi inda agogon Bature bai isa ba, ya ba shi nasarar da aka hana shi a gida. Tatsuniya takan rufe kanta tsakanin buɗewarta da ƙurunƙus, ba ta taɓa kowa. Wannan kuwa ta tsiro ne daga rauni na gaske, shi ya sa take da zafi. Ahmadu Ingawa ya gamu da irin wannan matsala a Iliya Ɗan Maiƙarfi, sai ya warware ta ta wata hanya: da aikin Iliya ya ƙare, aka mai da shi dutse. Can jiki ne ya sandare, nan kuwa zamani ne ya narke.

Inda nake da magana da Malam Bello shi ne dawowa. Ganɗoki ya komo gida ya tarar da jirgin ƙasa da makarantun boko da mulkin waɗanda ya yaƙa, sai muka ga ya sauko cikin sauƙi, har yana yabo. Haba! Mutumin da ya ga gawawwakin Burmi? A nan ne ya kamata mu ji jiri ya ɗebe shi, mu ji yana neman garin da ya bari bai same shi ba. Irin wannan jiri ba sai an je ƙasar aljannu ba. Duk mutumin Maska da ya yi doguwar tafiya a wancan zamani, ya dawo bayan an shimfiɗa dogo daga Zariya zuwa Gusau, zai tarar kasuwa da auduga da fatake sun koma Funtuwa, har Sarkin Maska kansa ya tare can, an bar tsohon gari da marinarsa da masaƙansa. Wannan shi ne babin da littafin ya tsallake.

Na san za a ce a yi wa marubucin uzuri. Malami ne a Kwalejin Katsina, Bature ne, wato Dokta East, ke duba rubutun, kuma don 'yan makarantar Gwamnati aka buga shi. Uzurin ya karɓu, kuma ma abin mamaki ne da aka bar rabin farko ya fito yadda yake. Amma ko da an karɓi uzuri, gurbin yana nan. Aljannun da Ganɗoki ya kashe sun ci shafuka masu yawa, baƙin cikinsa na ganin sabuwar duniya kuwa ko shafi ɗaya bai samu ba.