Muryar Wa Ake Ji a Majigin 'Yan Hauka?

A shekarar 1954 Jean Rouch, mutumin Faransa, ya ɗauki majigin nan Les Maîtres fous a bayan garin Ankara ta Gwalkwas, watau Gana ta yau. Waɗanda ke ciki 'yan ci-rani ne daga Nijar, yawancinsu Zabarmawa, masu wani irin bori da ake kira Hauka. Kalmar kuwa tamu ce. Iskokin da ke hawansu su ne Gwamna da Janar da Kofur, mulkin Turawa ke nan da jikinsa. Hukumar Ingilishi ta hana nuna shi a Gwalkwas, amma a 1957 ya ci lambar girma a Banis.

Hotunansa ba su da na biyu. Aibinsa a kunne yake. Na'urar Rouch ba ta ɗaukar murya tare da hoto, saboda haka bakin 'yan Hauka na motsi, mu kuwa Faransancinsa muke ji, yana fassara mana har abin da ke zukatansu. Sai a Moi, un noir na 1958 ya bar Umaru Ganda ya ba da labari da bakinsa. Daga nan hanyar majigin gaskiya ta sake, Ganda kuma ya zama mai shirya nasa.