Majigin Amina Weira da Wuyar Nuna Abin da Ido Ba Ya Gani

Mai aikin majigi na gaskiya, watau wanda ba ya ƙaga labari, makaminsa ɗaya ne: ido. To, yaya zai yi da ɓarnar da ba ta da launi, ba ta da wari? Wannan ita ce matsalar da Amina Weira, 'yar ƙasar Nijar, ta ɗauko a majiginta na 2016, La Colère dans le vent, ma'ana fushin da ke cikin iska. Bayan ta koyi sana'ar a Yamai da Senegal, sai ta koma Arlit, garinsu, inda kamfanin Somaïr ya soma haƙar yuraniyom tun 1971, inda kuma mahaifinta ya yi shekara 35 yana aikin ma'adini.

Dabararta biyu ce. Ta fari, ta mai da iska shaida. Gubar yuraniyom ba ta fita a hoto, amma ƙurar da ke ɗauke da ita tana fita, saboda haka duk sa'ad da guguwa ta turnuƙe gari, mai kallo ya san abin da ake shaƙa ba sai an gaya masa ba. Ta biyu, ta sa mahaifinta gaba, ita tana biye. Wannan hikima ce ƙwarai, gama tsofaffin leburori ba za su saki baki gaban baƙuwa ba, amma gaban abokin aikinsu da 'yarsa sai hira ta ɓarke. A nan ne majigin ya fi ƙarfi, da kuma wurin maƙeran da ke narka tsofaffin ƙarafan ma'adini suna yin tukwanen girki.

Amma fa akwai aibi. Kunyar ɗiya ga uba ta sa tambayoyinta sun yi laushi, awo kuwa ya yi ƙaranci, alhali ƙungiyar Greenpeace ta auna ƙasa da ruwan yankin a 2009. Shaidar tsoho tana ratsa zuciya, sai dai kamfani ya fi jin tsoron alƙalumma.

Abin da ya sa na kawo wannan ga malamanmu shi ne, a Kano al'amarin a juye yake. Ruwan majemun Sharaɗa da Chalawa, mai ɗauke da sinadarin kuromiyom, yana gangarawa Kogin Chalawa. Na masana'antun Bompai yana bin rafin Getsi ya haɗu da Jakara. Launinsa a fili yake, warinsa kuwa ko makaho ya shaida. Hatsarin mai ɗaukar hoto a nan shi ne ya ƙoshi da munin ruwan, ya mance da mutum. Da Amina ce, ina zato ba bakin kwata za ta fara zuwa ba. Tsohon majemi za ta nema, ko mai lambun da ke ban-ruwan latas da ruwan Getsi, ta zauna har ya gaji da kallon na'urar ya soma magana.