Umurnin Kotu da Tsaron Mai Ƙara: Tsokaci kan Rikicin Gona a Ƙasar Funtuwa da Malumfashi

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce a auna wani giɓi da ke tsakanin hukuncin alƙali da aikin ɗan sanda a shari'ar gona. Abin da muke cewa shi ne, umurnin wucin gadi da ba a haɗa shi da tsaro ba, ƙarfin mai ƙarfi kawai yake ƙarawa.

2.0 Tushen Matsalar

A zamanin En'e, alƙali da ɗan doka duk a ƙarƙashin hukuma ɗaya suke. Gwamnatin Janar Gowon ta raba su: kotunan alƙalai suka koma hannun jihohi, 'yan doka kuma aka narkar da su cikin 'yan sandan tarayya. Wannan gyara ya rage danniyar sarauta, amma ya bar alƙali da baki ba hannu. Sashe na 214 na Tsarin Mulkin 1999 ya tabbatar da rundunar 'yan sanda guda ɗaya tak, kotun Shari'a ta Jihar Katsina kuwa ba ita ke ba ta umurnin yau da kullum ba.

A wannan tsakani darajar ƙasa ta tashi. Shirin Raya Aikin Gona na Funtuwa, wanda Bankin Duniya ya tallafa wa a tsakiyar shekarun 1970, ya kawo taki da hanyoyi da sabon irin masara, sai gonar gado ta zama abin tsada. Dokar Mallakar Ƙasa ta 1978 ta ba ƙananan hukumomi ikon ba da shaidar mallaka a karkara, amma galibin manoma har yanzu dattawa da itatuwan iyaka ne shaidarsu.

3.0 Inda Tsarin ya Gaza

Shari'a tana iya jira, damina ba ta jira. Idan alƙali ya ce kowa ya dakata, ko ya bar gona a hannun marayu kafin a gama sauraro, sai abokin gaba ya fito da 'yan'uwa da sanduna a watan Yuni, to wanda aka razana ya rasa shekara guda. In ya je ofishin 'yan sanda, amsar da aka saba ji ita ce wannan maganar kotu ce. Gaskiya ne sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum saboda rikicin haƙƙi kawai. Amma barazanar kisa laifi ce mai zaman kanta, kuma sashe na 287 na Tsarin Mulki ya wajabta wa dukkan hukumomi zartar da hukuncin kotuna. Watau dokar da aka yi don kare talaka daga kamu ita aka mayar hujjar ƙyale shi.

Akwai illa ta biyu da ta fi wannan zurfi. A fiƙihun Malikiyya, hauzi na shekara goma tsakanin bare yana kashe da'awar wanda ya yi shiru, da sharaɗin ba wani abu ne ya hana shi magana ba. Tsoro uzuri ne karɓaɓɓe. To amma ta yaya gwauruwar da aka kora za ta tabbatar da tsoron nan bayan shekaru, in babu inda aka rubuta shi?

4.0 Kammalawa

Bisa ga haka, muna ganin ya kamata duk umurnin wucin gadi a kan gona ya ambaci ofishin 'yan sandan da zai tsare shi, ya ƙayyade wa'adi daga shuka zuwa girbi, a karanta shi a gaban dagaci da masu iyaka, sannan a komo wa alƙali da rahoto a rubuce. Kuɗin man mota kuma kada ya hau kan wanda ake tsarewa, domin in ya hau, wanda ya sayar da auduga da yawa shi kaɗai zai sami tsaro. Mun bar wa malaman shari'a da ke wannan taro su duba ko dokokin kotunan jihar, kamar yadda suke, sun isa ɗaukar wannan tsari.