Hannun Edita a Cikin Ruwan Bagaja

Galibin malamanmu suna koyar da Ruwan Bagaja tamkar kowace kalma da ke cikinsa daga alƙalamin Abubakar Imam ta fito. Wanda ya duba wasiƙun da suka gudana tsakaninsa da Dr. Rupert East, wanda ke riƙe da Hukumar Talifi a Zariya, lalle zai sassauta wannan ra'ayi.

Imam ya rubuta labarin ne domin gasar 1933, yana malami a Makarantar Midil ta Katsina. Da rubutun ya isa Zariya, East bai tsaya ga gyaran ƙa'idar rubutu ba. Ya lura cewa an ɗauko waɗansu labarai daga littattafan waje, ya kuwa zare abin da ya ga bai dace ba. Watau littafin da ke hannun ɗalibanmu ya bi ta hannu biyu. Shi kansa Imam bai ɓoye cewa ya amfana da Maƙamatul Hariri ba. To, ina ma'aunin da East ya raba aron da ya halatta da wanda ya haramta? A ganina ma'aunin Bature ne, wanda ke ƙyamar kwafi; almajirin zaure kuwa ado yake ɗaukar aro daga magabata. Abin mamaki, bayan 'yan shekaru East ɗin nan ne ya tara wa Imam littattafan tatsuniyoyin Larabawa da Turawa domin ya gina Magana Jari Ce a kansu.

Tarihin rayuwar Imam da Abdurrahman Mora ya shirya, aka buga a 1989, ya kawo mana waɗansu daga cikin wasiƙun nan, har da batun waɗanda Imam ya aika wa Lugga bayan tafiyarsa Ingila a 1943. Aiki ne mai amfani ƙwarai. Amma fa zaɓi ne, kuma wasiƙa tana faɗin cewa an yanke ne kurum. Sai an ajiye rubutun hannu kusa da bugun farko sa'an nan za a san jimlar da ta tafi da wadda ta shigo.

Wannan ya shafi malamin da ke horar da malamai, musamman a wuri kamar Zuru, inda yara da yawa suka fara jin C'lela kafin Hausa, littafi kuwa shi ne alƙalinsu. In aka ce musu ga Hausar Imam, ya kamata a gaya musu cewa ta ratsa ofishin Zariya tukuna, inda shi ma Imam ya zauna daga 1939 yana gyara wasiƙun masu karanta Gaskiya Ta Fi Kwabo.